Inda Murfin Duro Ya Bi

Gashuwa, Litinin, 9 ga Maris, 1998

Zuwa ga Yaya Gumsu,

Assalamu alaikum. Yaya, ki zo Gashuwa ki ɗauki Shuhada kafin Juma'a. Abin da nake so ke nan, na fara da shi ne don kada kuka ya ci ƙarfina ban faɗa ba. Ki kuma fara neman wadda za ta shayar da ita a Nguru, don har yau ba ta yarda da kunu ba, tofarwa take yi.

Yanzu bari in gaishe ki yadda ya kamata. Ina kwananku, ina gajiya? Ya maigidanki Malam Rabe, ya yara? Ya ƙafar Iya, kumburin ya sauka kuwa? Don Allah kada a karanta wannan takarda a gaban Iya. Malam Rabe ya karanta miki a ɗaki, ku biyu kawai.

Maƙwabciyarmu Malama Haula ce take rubuta mini, ita ce mai koyar da kimiyya a makarantar 'yan mata. Ina faɗa tana rubutawa. In kin ji magana ta karkace, bakina ne, ba alƙalaminta ba. Allah ya saka mata, tun jiya ita ce uwata ita ce ubana a garin nan.

Kin san Baban Shuhada ya bi motar tattasai zuwa kudu, sai ƙarshen mako ake sa ran su. Kafin ya tafi ya sayo wani duro a wajen masu sayar da fetur a bakin titi, don mu riƙa tara ruwa. Babu mai a ciki, wari ne kawai. Jiya da hantsi duron nan ya fashe. Yaya, ban taɓa jin ƙara irin wannan ba. Kajin unguwa duk suka tashi sama, akuyata ta tsinke igiya ta gudu, kunnena na hagu har yanzu ƙugi yake yi. Shuhada tana barci a tabarmarta a gindin zana, ta farka da ihu, amma ko ƙwarzane babu a jikinta. Na gode wa Allah, na gode wa Allah.

Duron yana tsaye ne a jikin katanga, shi kaɗai, rana ta dake shi. Haka na gaya wa kowa.

Katangar nan ta gabas ita ta raba mu da gidan Baba Kalli, tsohon nan da ya ba ki dariya ranar suna, mai kiran Shuhada amaryarsa. A daidai lokacin yana kan tsani zai shanya barkono a saman ɗaki. Matarsa ta same shi a ƙasa, kai a fashe, jini har kunne. Yana babban asibiti, bai farfaɗo ba. Murfin duron ya cire gaba ɗaya, faifan ƙarfen nan na sama, kuma an neme shi an rasa. Ɗansa Babagana ya ce murfin ne ya tsallake katanga ya sari ubansa, ya wuce wani gidan, wani ya ɗauke ya ɓoye. Ya tsaya a ƙofar gidanmu yana faɗa yana kuka, ban ga laifinsa ba. Ya ce caji ofis zai kai ni.

Bulaman unguwa ya roƙe shi ya dakata zuwa Juma'a. Ya ce in ba a gane komai ba zuwa ranar, shi ya cire hannunsa.

Yaya, matan unguwa sun ce in 'yan sanda suka tafi da mace, wani lokaci da jaririn ake kulle ta, wani lokaci a raba su. Ban san wanne ya fi ba ni tsoro ba. Watanta takwas, makon jiya ta iya zama da kanta. Gara tana hannunki.

Zan ba Modu direba takardar nan, ya ce zai kawo miki har gida. Ki gaishe da Iya, ki ce mata muna lafiya, kada ki ƙara komai. Ki yi mini addu'a.

Ƙanwarki,
Fanne


Gashuwa, Laraba, 11 ga Maris, 1998

Zuwa ga Yaya Gumsu,

Gaisuwa mai yawa da fatan kun tashi lafiya, ke da Malam Rabe da yara da Iya. Modu ya kawo saƙonki cewa za ki taso Juma'a da motar farko, ya kuma kawo dabinon da kika aiko. Na kasa ci, amma na riƙe shi a hannu na ji kamar ke ce. Na gode, Allah ya bar zumunci. Baba Kalli ya motsa hannu jiya, amma bai buɗe ido ba.

Yaya, na yi miki ƙarya a takardar farko. Na yi wa Bulama, na yi wa Malama ma, da alƙalaminta na yi ta. Yau zan gyara.

Duron nan ba shi kaɗai ya fashe ba. Baban Shuhada ya ce kada in taɓa shi sai ya dawo, zai cika shi da ruwa da sabulu kwana uku, sannan ya kai wa mai walda ya yanke bakin. Ni kuwa warin fetur ya ishe ni, har a abinci nake jin sa. Sai na ce a raina, da me ya fi randa? Kin tuna yadda Iya take yi wa sabuwar randa, ta zuba garwashi a kasko, ta barbaɗa kajiji, ta kife randar a kai har ƙamshi ya kama ta. Duro ya fi ƙarfin kifewa, sai na mirgino shi tsakar gida na kwantar, na tallafe bakin da bulo biyu, na kwance ɗan toshin, na ajiye kaskon a daidai ƙofar. Ina ta jin daɗi wai zai dawo ya sha ruwa mai ƙamshi ya yaba mini. Na juya zan ƙaro kajiji, taku huɗu na yi. Da ban juya ba, da ba ni ce nake miki magana ba.

Da na dawo hayyacina na sungumi Shuhada, sai na ga duron can a jikin katangar Baba Kalli, ya daki katangar har ƙasa ta zubo. Kowa ya yi gidan tsohon saboda ihun matarsa, ba wanda ya leƙo ni. Tsoro ya kama ni, na tuna maganar Baban Shuhada. Na goya yarinya, na miƙar da duron tsaye a inda ya faɗa, na kwashe fasassun kaskon na jefa a masai, na share tsakar gida tas. Da mata suka shigo, gida kamar na amarya.

Ga yadda asirina ya tonu. Ran Litinin da Malama ta gama rubutun, sai ta ce in nuna mata wurin. Ta daɗe tana kallo. Ta tsuguna ta shafa katangar. Akwai wani zane a jiki, zagaye, daga ƙasa zuwa gwiwa da ɗan wani abu. Ta tafi. Jiya da la'asar ta dawo ta zaunar da ni, ta karɓi Shuhada ta ɗora a cinya, ta ce mini duro a tsaye ba ya buga hatimin gindinsa a jikin katanga, sai wanda ya zo a kwance da gudu. Ba ta ɗaga murya ba. Ni dai na fashe da kuka na faɗa mata komai.

Na zaci za ta yi fushi. Sai ta ce, Fanne, ƙaryarki ce take neman kai ki caji ofis, ba wutarki ba. Ta tambaye ni ko na taɓa shiga kwalekwale a bakin kogi. Na ce sau da yawa. Ta ce in mutum ya yi tsalle daga kwalekwale zuwa tudu, ina kwalekwalen yake yi? Na ce baya yake ja, har mai tuƙi ya yi ta zagi. Ta ce bindigar maharba fa, in harsashi ya fita gaba? Na ce takan daki kafaɗa, Kawu Maiturare har tabo gare shi. Ta ce to shi ke nan, na riga na san karatun da take koyarwa. Wai abin da yake zaune wuri ɗaya, in ya fashe ya rabu biyu, ba yadda za a yi duka biyun su bi hanya ɗaya. Tura juna suke yi, wannan ya tura wancan daidai yadda wancan ya tura shi. Mai nauyi ya tafi a hankali, marar nauyi ya tafi da gudu, amma baya da baya za su ba juna. Ta ce haka Allah ya tsara, ko a Gashuwa ko a cikin taurari.

Ta ce in duron a tsaye yake kamar yadda na faɗa, to murfin sama ya yi, kuma zai iya saukowa a kan kowa, har Baba Kalli. Amma in a kwance yake a tsakar gida, gangar jikin ta yi gabas, to murfin yamma ya yi. Ba zai taɓa bin gidan Baba Kalli ba. Kwana uku ana nemansa a gabas, gida gida, saboda bakina.

Na ce ta rantse mini za a same shi. Ta ce ba za ta rantse ba. Hanyar da ya bi ta sani, amma ko wani ya riga ya tsince shi ya kai wa maƙera, wannan ba ta sani ba. In ba a same shi ba, na faɗa da bakina cewa ni na sa wuta, kuma ba ni da shaida. Ta ce in yi tunani, ba za ta faɗa wa kowa ba sai na yarda.

Yau da safe na je wajen Bulama da ƙafata. Gobe bayan an karya zai zo gidan da Babagana. Ki zo dai Juma'ar, Yaya, ban san yadda za ta kaya ba. Ki yafe mini ƙaryar da na yi miki. Ki gaishe da kowa.

Ƙanwarki,
Fanne


Gashuwa, Litinin, 16 ga Maris, 1998

Zuwa ga Yaya Gumsu,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ki gaisuwar wadda ta yi barci ta ƙoshi. Ya Malam Rabe, ya yara, ya ƙafar Iya? Na san kin ji haushina da Modu ya ce miki kawai kada ki taso, an samu sauƙi, bai ƙara komai ba. Ni na ce ya faɗi haka, don maganar ta fi ƙarfin bakin direba. Malama tana da jarrabawar ɗalibai, sai yau ta samu zama. Ga yadda aka yi.

Ran Alhamis suka zo, Bulama da Babagana da dattawa biyu. Babagana ko gaisuwata bai amsa ba. Na tsaya na faɗi komai kaina a ƙasa, har zancen kajiji. Ɗaya dattijon ya ce, yau ga Barebari, har fetur sai sun yi wa turare. Ba wanda ya yi dariya sai shi.

Malama ta ce in nuna inda duron ya kwanta. Na nuna. Ta sa aka kankare yashin da na share, sai ga ƙasa baƙa ƙirin a ƙarƙashi, da guntun kasko ɗaya da ya tsere wa tsintsiyata. Ta yi musu bayanin nan da ta yi mini. Babagana ya ce shi ba karatun boko ya kawo shi ba, ubansa ne a kwance. Sai Bulama ya ɗaga masa hannu. Ashe tsohon masunci ne, shekara talatin yana kan gora a kogi. Ya ce yarinyar nan gaskiya ta faɗa, duk wanda ya taɓa tunkuɗa gora a ruwa ya san gora ta yi gaba shi ya yi baya, kuma gorar ta fi shi nisa don ta fi shi rashin nauyi. Ya ce a bar ta ta yi aikinta.

Ta kwance igiyar shanyata. Ta sa Babagana da kansa ya riƙe baki ɗaya a tsakiyar zanen nan na jikin katanga. Ta ja igiyar ta bi ta kan baƙar ƙasar, ta ci gaba da ja ba ta karkata ba, ta nufi yamma. Ina tsaye ina kallon inda igiyar take tafiya. Yaya, sai na ga ta nufi gindin zana. Ta bi ta kan tabarmar Shuhada, daidai tsakiya.

Akwai wata ɓaraka a zanan nan tun ranar. Na ɗauka akuya ce ta fasa da ta tsinke igiya, har na rufe wurin da tsohon buhu. Malama ta yaye buhun. Ta ce akuya turawa take yi, kara ya lanƙwashe. Wannan kuwa a yanke yake kamar an sa lauje. Ta sa hannu ta auna daga ƙasa zuwa inda yankan ya fara. Taƙi ɗaya ne da yatsu uku. Ta dubi Shuhada a bayana, ta dube ni.

Ba sai an gaya mini ba. Yarinyar nan tun da ta iya zama, da ta buɗe ido take miƙewa ta zauna. Ranar kuwa ta yi mini rigima da sassafe, na yi ta mita, har na ce mata ke dai ba kya barin mutum ya yi aiki. Rigimar nan ce ta gajiyar da ita ta yi barci mai nauyi. A kwance ƙarfen ya same ta, ya wuce ta samanta. Da a zaune take.

Ban san lokacin da na zauna a ƙasa ba. Na kwanto ta daga baya ina laluba kanta, kamar yanzu abin ya faru. Ita kuwa tana ta miƙa hannu tana son kama igiyar.

Maza suka zagaya bayan gida suka bi layin. Akwai busasshen kududdufi a can, da wata goriba a bakinsa. Taku sittin da wani abu, in ji Bulama. Murfin yana nan a gindin goribar, ya shige laka rabi, ciyawa ta rufe shi. Babagana ne ya fara ganinsa, shi ya zaro shi da hannunsa. An ce ya daɗe yana jujjuya shi yana neman jini, babu sai laka.

Da suka dawo sai Babagana ya aika aka ɗauko sikelin da yake auna tattasai. Ya auna murfin, ya auna gangar jikin. Gangar ta ninka murfin sau shida. Malama ta ce to gudun da murfin ya tashi da shi ya ninka na gangar kamar haka, ko ma a ce kusan haka. Ya dubi ramin da gangar ta yi wa katanga, mai tafiya a hankalin ke nan. Sai ya ce da wannan faifan ya samu Baba, da ba asibiti muka kai shi ba. Ya dubi Shuhada, ya juya baya yana share ido da hularsa.

Bulama ya ce magana ta ƙare, ƙarfe bai taɓa tsoho ba, firgita ya yi ya faɗo daga tsani. Ni kuwa bakina ya ƙi yin shiru. Na ce Baba Bulama, ƙarar da ta firgita shi ai tawa ce. Malama ta taka mini ƙafa, amma na riga na faɗa. Babagana ya ce ya sani. Ya ce da ƙarya na ci gaba da yi, da ko an ga murfin sai ya kai ni. Amma wadda ta je wajen Bulama da ƙafarta, ba shi zai raba ta da 'yarta ba. Sauran magana ta Baba ce in Allah ya tashe shi.

Allah kuwa ya tashe shi, ran Juma'a da azahar. Bai tuna komai ba, ya ce yana kan tsani, sai ya ga kansa a gado ana ɗura masa ruwa. Hannunsa na dama bai dawo daidai ba, likita ya ce sai a hankali, wataƙila ma ba duka ba. Wannan yana nan a wuyana, Yaya, ba zan ce miki babu ba. Na je ran Asabar da kunun gyaɗa, na durƙusa a gaban gadon na faɗa masa komai. Ya saurara ido a rufe. Da na gama ya ce a miƙo masa amaryarsa. Ya sa hannun hagu ya shafa kanta, ya ce, ashe ƙarfe ya zo zance wajenki ina raye, ya ga kina barci ya wuce. Ya ce mini ya yafe duniya da lahira, amma barkononsa da ya zube ni zan tsince, kuma kunun nan kullum, kada in kuskura in sa masa kajiji. Na yi dariya ina kuka har ma'aikaciyar asibiti ta leƙo.

Ban san da me zan saka wa Malama ba. Na kai mata kaza ta ƙi karɓa. Ta ce in dai ina son biyanta, in Shuhada ta isa in kawo mata ita aji. Na ce ko yau take so ta ɗauka. Tana rubuta wannan tana hararata, wai in daina yabonta a takardar da ita take rubutawa. Ki rubuta dai, Malama, bakina ne.

Murfin yana wajena. Na wanke shi na jingine a bayan ƙofa. Ban gyara zanan ba tukuna, kullum in na shimfiɗa tabarma sai na sa hannu na auna wurin.

Yanzu ba sai kin zo a guje ba. Ki zo a natse bayan kin samu sarari, ki zo da Iya in ƙafar ta yarda. Ki faɗa wa matan gidanmu da na maƙwabta, duron fetur ba randa ba ne, ko ya shekara babu mai. Amma zancen taƙi ɗaya da yatsu uku ki bar mini, ni zan gaya wa Iya da bakina, tana riƙe da jikarta a hannu.

A nan ban ɓoye wa kowa ba kuma. Bulama ya sani, Baba Kalli da gidansa sun sani. Baban Shuhada ya dawo jiya, ban bari ya cire takalmi ba na gaya masa. Bai yi faɗa ba, ya je ya tsuguna a gaban zanan nan har aka kira magariba. Ita ma Shuhada na gaya mata yau da safe tana shan nono. Na ce mata ki yafe wa uwarki, kuma na gode da kika yi barci. Ta saki nonon ta dube ni, ta ja mini ɗan kunne.

Ki gaishe da Malam Rabe, na gode masa da karatu. Ki shafa mini kan yara. Allah ya sada mu da alheri.

Ƙanwarki,
Fanne